Gaskiya ko Jita-jita: Kyaftin Kenna da Sukuwar Umdurman

Da hantsin ranar Juma'a, 2 ga Satumba 1898, Runduna ta 21 ta sojan doki masu mashi ta ƙasar Ingila ta yi wata sukuwa a arewacin Umdurman wadda ba ta wuce minti biyu ba. Cikin minti biyun nan mutum uku suka samu Victoria Cross, lambar jarumta mafi daraja a sojan Birtaniya. Masu zane irin su Richard Caton Woodville sun mayar da sukuwar hoton bango, an saka ta a fim ɗin ƙuruciyar Winston Churchill na 1972, kuma har gobe ita ake fara tunawa a Ingila idan aka ambaci yaƙin Sudan.

Babba a cikin mutum ukun shi ne Kyaftin Paul Aloysius Kenna, haifaffen birnin Liverpool a 1862, ɗan ɗariƙar Katolika, wanda ya yi karatu a makarantar Stonyhurst. Shekararsa 36 a ranar. Gwanin hawa ne na gaske, kuma ya kai muƙamin Birgediya Janar kafin ya mutu. Labarinsa da na sukuwar sun sha gishiri a bakin masu ba da labari, daga jaridun Landan na wancan zamani zuwa shafukan Facebook na yau. Ga abubuwan da aka fi faɗa, ga kuma abin da tarihi ya tabbatar.

An ce: a Hartum aka yi yaƙin, kuma Mahadi da kansa ya jagoranci mutanensa

Hukunci: jita-jita.

Muhammad Ahmad al-Mahadi ya ci Hartum ranar 26 ga Janairu 1885, ranar da aka kashe Janar Gordon na Ingila. Bai yi wata biyar cikakku bayan haka ba ya rasu, a watan Yuni na shekarar. Wato lokacin da Kenna ya iso Sudan, Mahadi ya shekara 13 a ƙasa. Wanda ke mulki shi ne magajinsa, Halifa Abdullahi, mutumin ƙabilar Ta'aisha daga yankin Darfur.

Hartum kuwa kufai ce a lokacin. Ansaru, wato mabiyan Mahadi, sun watsar da ita suka kafa babban birninsu a Umdurman, a gaɓar yamma ta Kogin Nilu. Filin dagar ma ba cikin Umdurman yake ba, yana kusa da duwatsun Karari, kimanin kilomita 11 arewa da garin, inda Janar Kitchener, kwamandan sojojin Ingila da Masar, ya kafa sansani ya ba kogi baya. Shi ya sa mutanen Sudan ke kiransa yaƙin Karari. Sunan Hartum ya shiga labarin ne saboda a can Gordon ya mutu, kuma ɗaukar fansarsa aka tallata wa jama'ar Ingila. Aka rubuta Hartum a jikin lambar tunawa da yaƙin, aka kuma ba Kitchener sarautar da ke ɗauke da sunan garin.

An ce: Kenna ya samu lambarsa ne saboda yawan mutanen da ya kashe

Hukunci: jita-jita.

Takardar da gwamnatin Ingila ta fitar ta bayyana dalilin ba shi lambar, kuma babu maganar kisa a cikinta. Abu biyu ta ambata, dukansu ceto ne.

Na farko ya faru a tsakiyar kwarin da aka yi karon. An harbe dokin Manjo Crole Wyndham, mataimakin kwamandan rundunar, ya tsinci kansa a ƙasa cikin mutane masu takubba. A irin wannan wuri mahayin da ya rabu da sirdinsa ya gama yawo, domin kusan duk waɗanda aka kashe a ranar sai da suka faɗo ƙasa tukuna. Kenna ya ja linzami, ya ɗora Wyndham a bayansa, doki ɗaya ya ɗauki ƙarti biyu ya fitar da su daga cikin taron.

Na biyu ya zo bayan rundunar ta ƙetare kwarin tana sake haɗuwa. Laftanar Raymond de Montmorency ya koma baya neman Laftanar Robert Grenfell, ya tarar an riga an sassare shi. Ya sauka ya ɗora gawar a kan dokinsa, dokin ya firgita ya zubar da ita ya zura a guje. Ga shi nan tsaye a ƙasa, bindigar hannu kaɗai gare shi, mutanen Usman Digna, ɗaya daga cikin sarakunan yaƙin Halifa, suna dab da shi. Kenna da wani kofur mai suna Swarbrick suka juyo, aka kamo dokin, suka fito da shi da rai.

De Montmorency shi ma ya samu lambar. Mutum na uku da ya same ta, Thomas Byrne, farabiti ne kawai. Harsashi ya riga ya same shi a hannu, amma da ya ji Laftanar Richard Molyneux yana neman agaji sai ya karkata dokinsa ya faɗa wa mutanen da suka kewaye shi. Ya ƙara samun rauni a ƙirji, Molyneux ya samu sararin tsira. A wani ɓangare na filin kuma, Kyaftin Nevill Smyth ya samu lamba ta huɗu a ranar saboda tare wani mai mashi da ya nufi wakilan jaridu.

Duka lambobi huɗun na yunƙurin tsamo wani ne daga bakin mutuwa. Uku daga ciki kuma sun zama dole ne saboda an jefa rundunar cikin halin da bai kamata ta shiga ba. Ita kanta lambar, wadda aka ƙirƙiro a 1856, ta tagulla ce, babu zinariya a jikinta.

An ce: sukuwar ce ta ba Turawa nasara

Hukunci: jita-jita, kuma ita ce mafi girma a cikinsu.

Kafin a busa wa sojan doki begila, an riga an karya ƙashin bayan harin farko. Da asuba dubban Ansaru suka fito fili suka nufi sansanin Kitchener da tutocinsu. Igwa ta fara samunsu tun suna nesa, sannan bindiga mai ruwa ƙirar Maxim, sannan bindigogin sojan ƙasa, ga jiragen ruwan yaƙi suna ruwan wuta daga kogi. Ba wanda ya kai ga shingen ƙayar da aka kewaye sansanin da shi. Cikin awa biyu filin ya cika da gawa.

Sai bayan nan Kitchener ya tura Kanar Rowland Martin da rundunarsa ta mahaya kusan 400. Aikin da aka ba su a fili yake: su duba hanyar Umdurman, su matsa wa masu ja da baya, su hana su komawa cikin gari, domin Kitchener yana tsoron faɗan lungu-lungu. Suna cikin tafiya sai wani jeri na mutane ya buɗe musu wuta daga gefe. Martin ya ga abin da ya zaci 'yan ɗaruruwa ne a fili, ya sa aka juya aka saki linzami. Sai da suka zo dab suka ga ƙasa ta tsage a gabansu: busasshen rafi ne, Khor Abu Sunt, cike da mutum fiye da 2,000 a durƙushe suna jira.

Rundunar ta ratsa ta fita ta ɗaya gefen, amma ga kuɗin da ta biya: hafsa ɗaya da soja 20 sun mutu, kusan 50 sun ji rauni, dawakai 119 sun mutu ko sun nakasa. A duk yinin, mutanen Kitchener da aka kashe ba su kai 50 ba. Kusan rabinsu ke nan a minti biyu, a wuri guda. Mutanen kwarin kuwa suka sake jeruwa, ba su gusa ba. Abin da ya tashe su a ƙarshe shi ne da mahayan suka zagaya gefe, suka sauka daga dawakai, suka buɗe wuta da gajerun bindigoginsu. Da tun farko haka aka yi, da ba a yi asarar ba.

Akwai dalilin da ya sa Martin ya yi gaggawa. Rundunarsa ba ta taɓa shiga wani babban yaƙi ba, tutarta ba ta ɗauke da sunan ko filin daga ɗaya, sauran rundunoni kuma suna mata ba'a cewa takenta shi ne haramcin kisa. A 1897 aka mayar da ita ta masu mashi. Hafsoshinta sun zo Sudan da ƙishirwar wanke wannan gori, aka kuwa wanke shi, har Sarauniya Victoria ta ba rundunar laƙabinta na Sarauniyar Indiya. Amma aikin da aka aike su bai yiwu ba. Dawakan da suka rage sun jigata. Halifa Abdullahi ya koma Umdurman, ya fice ta kudu, sai da aka ƙara fiye da shekara guda ana nemansa. A Umm Diwaykarat, ranar 24 ga Nuwamba 1899, sojojin wani hafsan Ingila mai suna Wingate suka cim masa. An tarar da gawarsa a kan buzunsa, manyan mutanensa irin su Ali wad Hilu da Ahmad Fadil suna gefensa.

Abin da ya ci yaƙin ya fara ne tun 1897, lokacin da aka shimfiɗa layin dogo daga Wadi Halfa ya ratsa hamada zuwa Abu Hamad. Shi ya kawo abinci, harsashi, igwa, har da jiragen ruwa gunduwa-gunduwa ana haɗa su a bakin kogi. Ansaru sun rasa mutum kusan 11,000, wasu dubbai da yawa sun ji rauni, kuma galibinsu ba su taɓa kusantar wanda ya harbe su ba.

An ce: doki da doki aka gwabza, Ansaru kuma ba su da dabara sai zafin kai

Hukunci: jita-jita.

Mutanen da ke cikin kwarin 'yan ƙasa ne, mahaya a cikinsu ƙalilan ne. Tushensu Hadandawa ne daga tsaunukan gabas, mutanen Usman Digna, sannan Halifa ya ƙaro musu dakaru daga rundunarsa ta Baƙar Tuta. Usman Digna ya fi kowa a cikin sarakunan yaƙin Halifa sanin Turawa. Tun 1884 mutanensa suke karawa da su a yankin Suwakin. A yaƙin El Teb sun ga yadda sojan doki ke kai hari, a Tamai kuma sun fasa jerin sojan ƙasa na Ingila.

Dabararsa a Karari kwanton ɓauna ce mai sauƙi. Ya jera 'yan bindiga kaɗan a bakin kwari inda za a gan su, ya ɓoye sauran a ciki. Da dawakai suka faɗo, gudunsu ya mutu a cikin rairayi da cunkoson mutane. Mayaƙan ba su ɓata lokaci wajen kai wa mahayi sara a sama ba. Suka riƙa sare agarar doki, suna yanke kamazuru da igiyar likkafa, suna ɗora bakin bindiga a jikin dabba suna harbawa. Duk wanda ya san doki ya san cewa mahayin da aka yanke wa kamazuru ba shi da sauran iko da abin hawansa. Mashin gora mai tsawo, wanda ke da amfani a karon farko, ya zama kaya a cikin matsi.

Haka kuma ba gaskiya ba ne cewa takobi da mashi kawai Ansaru suke da su. Suna da dubban bindigogi, galibi ƙirar Remington da suka ƙwace daga sojojin Masar, musamman bayan sun hallaka rundunar Hicks Pasha a Shaykan a 1883. Matsalarsu ita ce bindigogin sun tsufa, harsashin kuma ƙirar gida ne mara ƙarfi. Kuskuren da ya kashe su na shugabanci ne: fitowa fili da rana tsaka a gaban igwa. Kitchener ya kwana cikin fargabar a kawo masa hari da dare, inda bindigoginsa ba za su ga nesa ba, harin bai zo ba. Wani hafsan sojan Sudan, Ismat Hasan Zulfo, ya bi tsofaffin da suka halarci yaƙin ya rubuta littafi mai suna Karari, wanda ya nuna yadda Halifa da sarakunan yaƙinsa suka tsara harin da inda lissafinsu ya kuskure.

An ce: Churchill ne ya jagoranci sukuwar

Hukunci: jita-jita, amma da gaskiya a gefenta.

Ya shiga sukuwar, wannan ba shakka. Sai dai laftanar ne ɗan shekara 23, aro ma aka yi shi daga wata runduna, kuma ƙaramin rukuni na mahaya yake jagoranta. Kitchener bai so zuwansa ba, sai da aka bi ta manya a Landan. Yana kuma aika wa jaridar Morning Post labari a kan kuɗi. Saboda tsohuwar gocewar ƙashi a kafaɗarsa, ya mayar da takobi kube ya zaro bindigar hannu ƙirar Mauser, ita ce ta fitar da shi. Ɓangaren da ya faɗa ma bai kai na su Kenna cunkoso ba. Bai samu Victoria Cross ba.

Abin da ya fi Kenna da shi alƙalami ne. Littafinsa The River War ya fito a 1899, daga baya shi kansa ya zama firaminista, sai labarin ya bi sunansa.

Wani labari da ake ɗauka ƙari ne, amma shi da kansa ya rubuta shi: Molyneux, wanda Byrne ya ceta, ya samu mummunan sara a hannu, likita ya buƙaci fatar da zai lulluɓe raunin. Churchill ya miƙa hannunsa aka yanki 'yar fata kamar faɗin sule, aka ɗora wa abokinsa, kuma ya rayu da tabon.

An ce: Turawa zalla ne suka ci yaƙin

Hukunci: jita-jita.

A cikin mutum kusan 26,000 da Kitchener ya zo da su, Turawan Ingila kimanin 8,000 ne. Sauran 'yan Masar ne da 'yan Sudan, a ƙarƙashin tutar Khedive, mai mulkin Masar. Lokacin da yaƙin ya fi tsanani ma su ya faɗa wa.

Bayan harin asuba, Kitchener ya zaci an gama, ya sa rundunoninsa suka kama hanyar Umdurman. Birged ɗin Kanar Hector MacDonald, mai bataliya uku ta 'yan Sudan da ɗaya ta 'yan Masar, shi ne a baya, shi kaɗai. Sai ga rundunar Baƙar Tuta ƙarƙashin Yakubu, ɗan'uwan Halifa, ta fito daga bayan dutsen Surgham. Suna cikin tare ta sai ga masu koren tuta daga arewa, ƙarƙashin Usman Shaihuddin ɗan Halifa da Ali wad Hilu. MacDonald ya juya bataliyoyinsa ɗaya bayan ɗaya ana tsakiyar wuta, suka fuskanci sabon harin, har harsashinsu ya kusa ƙarewa kafin agaji ya iso. Da hare-haren biyu sun zo lokaci guda, da labarin ya iya canzawa.

Dalilin da ya sa ba su zo tare ba shi ne aikin sojan doki na gaske da aka yi a ranar, wanda ba a zana a bango ba. Mahayan Masar ƙarƙashin Kanar Broadwood sun ja dubban mutanen Shaihuddin zuwa arewa cikin duwatsun Karari, suna ja da baya suna harbi, har suka ɓata musu lokaci mai tsada. Jirgin ruwan yaƙi Melik kuma ya ceci rundunar raƙuma da aka kusa ritsawa a bakin kogi. A cikin hafsoshin Broadwood akwai wani kyaftin mai suna Douglas Haig, wanda daga baya ya jagoranci sojojin Birtaniya a Faransa. Daga birged ɗin MacDonald babu wanda ya samu Victoria Cross.

An ce: an kashe masu rauni, an kuma tone kabarin Mahadi

Hukunci: gaskiya.

Ba abokan gaba ne suka ƙirƙiro wannan ba, Turawan da suka halarci yaƙin ne suka faɗa. Ernest Bennett, wakilin jarida, ya rubuta a farkon 1899 cewa an kashe Ansaru masu rauni a filin, an bar wasu dubbai cikin rana ba ruwa ba magani. Churchill ma ya soki hakan a bugun farko na littafinsa, amma a taƙaitaccen bugun 1902 an cire yawancin sukar. Hujjar hafsoshi ita ce masu raunin sukan tashi su kai hari.

Ƙubbar Mahadi ta sha harsashin igwa tun ranar 1 ga Satumba. Bayan an ci garin, Kitchener ya sa aka rushe ta, aka zuba ƙasusuwan a Kogin Nilu, aka ajiye ƙoƙon kan. Maganar ta tada ƙura a majalisar dokokin Ingila, Sarauniya kanta ta nuna ɓacin rai, daga baya aka binne ƙoƙon kan a Wadi Halfa. Duk da haka majalisar ta ba Kitchener kyautar fam 30,000. Ƙubbar da ake gani yanzu a Umdurman, ɗan Mahadi, Sayyid Abdurrahman, ya sake gina ta a 1947.

An ce: ita ce sukuwar ƙarshe a tarihin sojan dokin Ingila

Hukunci: jita-jita.

Shekara guda bayanta, a Oktoba 1899, masu mashi na Ingila sun kai irin wannan hari a Elandslaagte a yaƙin Afirka ta Kudu. A Agusta 1914, a ƙasar Beljiyam, Runduna ta 9 ta masu mashi ta yi sukuwa kan Jamusawa, kuma a ranar ne Kyaftin Francis Grenfell ya samu Victoria Cross. Shi ɗan'uwa ne ga Robert Grenfell ɗin nan da aka kashe a Khor Abu Sunt. A 1917 an yi sukuwa a Huj da El Mughar a Falasɗinu. Ita kanta rundunar Kenna ta sake yin wata a Shabkadar, kan iyakar Indiya da Afganistan, a Satumba 1915, inda farabiti Charles Hull ya samu lambar, shi ma don ya ɗauko hafsan da aka harbe wa doki.

An ce: Kenna ya shiga gasar Olamfik, kuma a kan doki ya mutu yana yaƙi

Hukunci: na farko gaskiya, na biyu jita-jita.

Bayan Sudan ya yi yaƙin Afirka ta Kudu daga 1899 zuwa 1902, ya jagoranci rundunar mahaya, ya samu lambar yabo ta DSO. De Montmorency, wanda ya taya ceto a Karari, a can aka kashe shi a Fabrairu 1900. Daga nan aka tura Kenna ƙasar Somaliya, ya jagoranci mahaya a yaƙin da ake yi da Sayyid Muhammad Abdullahi Hassan, har da karon Jidbali na Janairu 1904. Ya zama kwamandan Runduna ta 21 daga 1906 zuwa 1910. A 1912, yana dab da shekara 50, ya wakilci Birtaniya a gasar hawan doki ta Olamfik a Stockholm, bai ci lamba ba.

Da Yaƙin Duniya na Farko ya ɓarke aka ba shi birged ɗin mahaya. Amma da aka tura su Gallipoli a ƙasar Turkiyya a Agusta 1915, an bar dawakai a Masar, domin filin na ramuka ne da waya mai ƙaya. A ƙafa suka kai hari ranar 21 ga Agusta, suka ratsa busasshen tafkin gishiri na Suvla igwa tana dukansu. Bayan 'yan kwanaki wani maharbin ɓoye na Turkawa ya same shi, ya mutu ranar 30 ga Agusta 1915 yana da shekara 53. Kabarinsa yana maƙabartar Lala Baba. Mutumin da ya yi suna da doki ya gamu da ajalinsa ne a irin yaƙin da Karari ta riga ta nuna zuwansa, wanda mai bindiga a ɓoye ke kashe mai jarumta a fili.

An ce: wannan labarin Sudan ne, bai shafi ƙasar Hausa ba

Hukunci: jita-jita.

Tun Mahadi yana raye, Hayatu ɗan Sa'idu, jikan Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, ya yi masa mubaya'a ta wasiƙa, aka naɗa shi wakili a ƙasashen yamma. Rabeh, wanda ya ci Borno a 1893, daga Sudan ya fito. Injiniyan da ya shimfiɗa wa Kitchener layin dogo a hamada, Percy Girouard, shi ne ya gaji Lugard a mulkin Arewacin Nijeriya a 1907, kuma a zamaninsa aka fara layin Baro zuwa Kano, wanda ya iso Kano a 1911.

Abin da ya faru a Karari ya maimaita kansa a nan bayan shekara biyar, sai dai dawakan namu ne. A Kwatarkwashi, a Fabrairu 1903, barade da dakarun Kano ƙarƙashin Waziri Ahmadu sun yi ta sukuwa kan Laftanar Wallace Wright, wanda ke da soja 44 a jere kafaɗa da kafaɗa. Bindiga ta hana su isa, Waziri ya faɗi a wurin, Wright ya samu Victoria Cross. Haka aka yi a Giginya a Sakkwato a watan Maris, haka a Burmi a watan Yuli, inda aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru na Ɗaya. Ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ci gaba da hijira da sauran jama'a har suka zauna a bakin Shuɗin Nilu, a garin da ke ɗauke da sunansa har yanzu. A Kwatarkwashi ma, kamar a Karari, waɗanda suka riƙe bindigogin galibinsu 'yan Afirka ne, da Hausawa a cikinsu.

Abin da ya tabbata

Kenna jarumi ne. Sayar da rai sau biyu a wancan kwari don wani ba aikin rago ba ne, kuma ya cancanci lambarsa bisa ma'aunin waɗanda suka ba shi. Amma lambar yabo shaida ce kan abin da mutum ɗaya ya yi a cikin 'yan daƙiƙu. Ba ta nuna cewa umarnin da aka ba shi daidai ne, ko cewa harin ya yi amfani, balle ta halatta yaƙin da ya kawo shi ƙasar wasu. Mutanen da suka durƙusa a Khor Abu Sunt suna kallon dawakai 400 na tahowa ba su motsa ba, jarumtarsu ba ta gaza tasa ba, sai dai ba su da jaridar gwamnati da za ta buga sunayensu.

Mai son sanin gaskiyar irin waɗannan yaƙe-yaƙe sai ya haɗa bakin ɓangarorin biyu. Na Karari, a karanta Churchill tare da Zulfo da tarihin rayuwar Babikir Badri, wanda ya halarci yaƙin a cikin Ansaru kafin ya zama mai kafa makarantar 'yan mata a Sudan. Na ƙasarmu, akwai aikin D.J.M. Muffett, wanda ya ji ta bakin tsofaffin da suka ga 1903, da na R.A. Adeleye kan faɗuwar daular Sakkwato. Rahoton hafsan da ya yi nasara rabin shaida ne, kuma ba alƙalin da zai yanke hukunci da rabin shaida.